Yadda Sarkin Japan Ya Tsira Da Sarautarsa

Da sunan Sarki Hirohito sojojin Japan suka mamaye Manchuriya a 1931, suka yi ta'asa a birnin Nanjin na ƙasar Sin a 1937, har suka kai Bama, inda suka gwabza da sojojin Nijeriya. To, da Japan ta miƙa wuya a 1945, mutane da yawa sun zaci shi ne zai fara gurfana gaban shari'a.

Amma Janar MacArthur na Amurka, wanda aka damƙa wa ragamar ƙasar, ya ga in aka taɓa Sarki jama'a za su yi bore, sai an ƙaro rundunoni masu yawa. Saboda haka ya bar shi bisa karaga, ya riƙa zartar da umarni ta hannun gwamnatin Japan, watau kusan dabarar Gwamna Lugga a Arewa.

Tsarin mulkin 1947 ya karɓe ikon Sarki, ya bar masa girma kawai. A Disamban 1948 aka rataye tsohon Firayim Minista Tojo da wasu mutum shida. Hirohito kuwa, ko shaida ba a kira shi ya bayar ba. Mamayar Amurka ta ƙare a 1952, shi ko yana kan gadon sarauta har mutuwarsa a 1989.