Idan Gwamnati Ta Karɓi Gona, Wa Ke Da Hurumin Sauraron Ƙarar Diyya?

Duk wanda ya zauna a ƙauyen da birni ke matsowa kusa da shi ya san yadda abin ke farawa. Wata safiya sai a ga ma'aikatan safiyo sun kafa turaku masu jan fenti a tsakiyar gonaki. Bayan 'yan makonni jami'i ya zo da littafi, ya bi yana ƙirga mangwaro da ɗorawa, ya leƙa rijiya, ya rubuta suna. Ranar biya mai gona ya dubi kuɗin, ya tuna gonar gado ce tun kaka da kakanni, ya ce sai ya kai ƙara. A nan ne wani zai ja shi gefe ya ce masa, "Baba, haƙuri za ka yi, maganar diyya kotu ba ta da hurumi."

Maganar tana da tushe. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, wadda gwamnatin soja ta Janar Olusegun Obasanjo ta kafa, ta danƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna a matsayin amana. Sashe na 28 ya ba shi ikon soke haƙƙin mallakar mutum don amfanin jama'a. Sashe na 29 ya ce abin da za a biya shi ne darajar gini da shuka da sauran aikin da aka zuba, ƙasar kanta kuwa sai kuɗin hayar da mutum ya biya a shekarar. Wanda bai gamsu ba, sashe na 30 ya tura shi gaban kwamitin rabon filaye na jiha. Sai sashe na 47 ya rufe ƙofa: babu kotun da za ta binciki yawan diyya ko isarta.

Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, gwamna ne ke naɗa 'yan wannan kwamiti. Shi ya karɓi gonar, jami'insa ya yi mata kuɗi, mutanensa kuma za su saurari ƙorafin. Ko a gaban mai unguwa ba a yarda wanda ake ƙara ya zaɓi alƙalinsa.

Alƙalai ba su bar abin haka ba. Tsarin mulkin 1979 ya ce duk wanda gwamnati ta karɓe wa dukiya yana da haƙƙin a biya shi ba tare da jinkiri ba, da haƙƙin zuwa kotu a tantance yawan diyyar. Amma tsarin mulkin nan shi ne kuma ya ba dokar ƙasar kariya ta musamman, to wanne ke sama da wanne? A 1984, a shari'ar Nkwocha da gwamnan Anambra, Kotun Ƙoli ta ce wannan kariya ba ta mai da dokar ɓangaren tsarin mulki ba. A 1986 kuma, a shari'ar Kanada da gwamnan Kaduna, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce hanin da sashe na 47 ya yi a kan diyya bai da ƙarfi, tunda ya ci karo da tsarin mulki. Haƙƙin yana nan a sashe na 44 na tsarin mulkin 1999.

Akwai kuma rigimar wace kotu za a nufa. Dokar ta ware filayen da gwamna ya ba da takardarsu ga Babbar Kotun jiha kaɗai, na karkara masu haƙƙin gargajiya kuma ta ambaci kotun yanki ko ta gargajiya. An yi shekaru ana korar ƙararrakin gonakin ƙauye daga Babbar Kotu bisa wannan hujja, bayan mutum ya sayar da akuya da hatsi ya biya lauya. Sai a 2000, a shari'ar Adisa da Oyinwola, Kotun Ƙoli ta sauya matsayinta ta ce ita ma Babbar Kotu tana da hurumi a kansu.

Duk da haka sashe na 47 yana nan daram a littafin doka, ba a goge ko harafi ɗaya ba. Sashe na 315 na tsarin mulkin 1999 ya ce ba a taɓa dokar sai ta hanyar da ake gyara tsarin mulki, wato kashi biyu cikin uku na kowane zauren majalisar tarayya, da amincewar majalisun jihohi 24 cikin 36. Shi ya sa jami'in da ke son a yi shiru yake da abin karanta wa mai gona, shi kuwa hukuncin da ya buɗe masa ƙofar kotu yana cikin kundin shari'o'in lauyoyi, da Turanci, can a birni.