Digiri a Hannu, Me Ke Cikin Kai?

Ranar bikin yaye ɗalibai, jami'o'in Nijeriya kan shaida cewa ɗalibi ya cancanta ta fuskar hali da ilimi. Mai ɗaukar ma'aikata kuwa ba ya tsayawa kan wannan shaidar. Takarda da biro zai miƙo, ya ce a rubuta masa shafi guda nan take. A nan ake bambance aya da tsakuwa.

A watan Disamba na 2022 Hukumar Kula da Jami'o'i ta Ƙasa, NUC, ta ƙaddamar da sabuwar manhaja mai suna CCMAS. Hukumar ce ta tsara kashi 70 cikin 100 na abin da za a koyar, ta bar wa kowace jami'a kashi 30 ta cike da abin da ya dace da yankinta. Manufar ita ce ɗalibi ya fita da abin da ya iya yi, ba abin da ya haddace kawai ba.

A ganina, gaba da komai shi ne iya rubuta tunaninka da kanka. Wanda ya shekara huɗu yana haddace handawut, ya juye wa malami a jarrabawa, ya manta kafin ya kai hostel, asirinsa a aji huɗu yake tonuwa, lokacin furojet. Furojet na bukatar ka zaɓi matsala, ka shiga laburare, ka je kasuwa ko ƙauye ka yi tambayoyi, ka auna amsoshin, sannan ka tsaya gaban malamai ka kare abin da ka gano. Duk ƙwarewar da ake nema tana ƙunshe a nan: bincike, tantance sahihin bayani daga jita-jita, lissafi, magana cikin natsuwa, da gaskiya. Wanda ya biya aka rubuta masa, ko ya kwafo daga intanet, tambaya ɗaya kan sa ya fara inda-inda. Ya kuma zubar da halin nan da aka fara ambata.

Batun kwamfuta ma akwai gyara. Tun 2015 da kwamfuta ake zana jarrabawar JAMB, amma danna amsa daban, tsara alƙaluma a Excel ko aika imel mai kan gado daban.

Sai SIWES, shirin koyon aiki da hukumar ITF ta ƙirƙiro a 1973. Wasu ɗaliban sa hannu kawai suke nema a littafin rubuta ayyukan da suka yi, su koma gida su kwanta. Kaico, alhali a nan ne ake koyon zuwa aiki kan lokaci, da zama da mutanen da ba harshenku ɗaya ba.

Ɗalibi, ɗaliba, aikin gida na gaba da malami zai bayar, zauna ka rubuta shi da kanka, ko da makin zai yi ƙasa.