Takako Fuji: Jarumar Da Ta Yi Suna Da Fuskar Fatalwa

Takako Fuji jarumar fina-finai ce 'yar ƙasar Japan, an haife ta a birnin Tokyo a 1972. Ta fara ne da wasan dandamali da aron murya ga zanen katun, amma abin da duniya ta san ta da shi shi ne fitowa a matsayin Kayako, fatalwar jerin fina-finan ban tsoro na Ju-on, waɗanda Takashi Shimizu ya ba da umarni.

A labarin, Kayako matar aure ce da mijinta ya yi wa kisan gilla saboda kishi. Tun daga nan duk wanda ya taka gidan da aka kashe ta, ajalinsa ya zo. Irin wannan fatalwa mai neman fansa, fara fat da dogon baƙin gashi, Japanawa na kiranta onryo, kuma ta daɗe a wasanninsu na gargajiya na kabuki.

Fuji ta fara fitowa a matsayin Kayako a wani gajeren fim na talabijin a 1998. Daga nan sai fina-finan bidiyo biyu a 2000, sannan biyu na sinima da suka biyo baya. Da kamfanonin Amurka suka sake yin fim ɗin da sunan The Grudge a 2004, an zuba sababbin 'yan wasa irin su Sarah Michelle Gellar, amma ita ba a canza ta ba.

Abin lura a aikinta shi ne kusan babu magana a ciki. Jiki ne ke yin komai. A fitaccen wurin nan da Kayako ke saukowa daga matattakalar bene, rarrafe take yi ruf da ciki, jina-jina, wuya a karkace, ido a zazzare, tana jan jiki kamar wadda ƙasusuwanta suka kakkarye. Ƙarar maƙogwaron nan mai tayar da tsigar jiki kuwa, muryar shi darakta Shimizu ce. Wannan sarrafa jiki na Fuji gwaninta ce da ba a cika yaba mata ba, domin kwalliyar fatalwar ta rufe fuskar mai aikin.

Fitowarta ta ƙarshe a matsayin Kayako ita ce a The Grudge 2 a 2006. A kashi na uku, wanda ya fito a 2009, Aiko Horiuchi ce ta gaje ta.