Jean de Florette: fim ɗin baƙon da aka toshe wa idon ruwa

Yawancinmu finafinan Indiya da na Kannywood muka sani, amma akwai wani tsohon fim ɗin Faransa da nake so 'yan uwa mazauna Kudu su nema. Sunansa Jean de Florette, Claude Berri ne ya ba da umarninsa a 1986, daga littafin Marcel Pagnol.

Labarin wani ƙauye ne a kudancin Faransa. Ugolin ya dawo daga aikin soja yana son noman furannin sayarwa, sai shi da baffansa César suka ƙyalla ido kan gonar maƙwabci saboda idon ruwan da ke cikinta. Mai gonar ya mutu, gado ya faɗa hannun Jean, wani mai ƙusumbi, ma'aikacin haraji a birni. Kafin ya iso suka toshe idon da siminti, wai in wuya ta ishe shi zai sayar musu da araha.

Jean ya tare da matarsa da 'yarsa Manon, ya kama kiwon zomaye da shuka kabewa. Sai fari ya zo. Bawan Allah kullum yana jidon ruwa daga nesa, alhali ga ruwa kwance a gonarsa. Duk wanda ya taɓa jiran ɗan ga-ruwa a nan Limawa ta Minna cikin zafin Maris ya san zafin wannan kallo. Ugolin kuwa yana ta zuwa masa da fara'a, wai shi aboki.

Ni dai ba makircin mutum biyun nan ya fi tsaya mini a rai ba. Dattawan gari sun san da idon nan, amma ba wanda ya buɗe baki, don a ganinsu Jean bare ne. César ya ɓoye musu cewa uwarsa Florette 'yar garin ce. Wanda ke neman abinci a Sabo ta Ibadan ko Agege ba sai an fassara masa irin wannan shiru ba.

Jean ya mutu yana fasa dutse da nakiya wajen haƙa rijiya. Suka saye gonar, suka buɗe idon, ashe Manon tana laɓe tana kallo. A kashi na biyu, Manon des Sources, ita ma ta toshe ruwan garin gaba ɗaya, kuma a can ne César ya gano cewa Jean ɗan cikinsa ne.