Yadda Ake Buɗe Ƙofa a Rautar Gida

Rauta, wato na'urar da ke rarraba intanet a gida, tamkar zaure take. Na waje adireshinta kaɗai suka sani, alhali kowace na'ura ta cikin gida tana da nata, misali 192.168.1.20. In saƙo ya zo daga waje ba da an neme shi ba, rautar ba ta san ɗakin da za ta kai shi ba, sai ta yar.

Maganin wannan shi ne a buɗe wa saƙon ƙofa. Ƙofofin nan lambobi ne, daga 0 zuwa 65535. Malamin da ke son kallon kyamarar gidansa daga makaranta sai ya shiga shafin saitin rautar, galibi 192.168.1.1, ya rubuta lambar ƙofar kyamarar da adireshinta. Ya tabbata ya kafe adireshin, domin rauta takan sauya shi.

Amma ɗalibin ilmin halittu ya sani, kafar da abinci ke shiga jiki, ta nan cuta ke bi. A 2016 muguwar manhajar Mirai ta mamaye dubban ɗaruruwan kyamarori da rautoci waɗanda aka bar su da kalmar sirrin masana'anta. A sauya kalmar tun kafin a taɓa ƙofa.