Jirgin Ruwan Da Ya Zama Tauraro

Duk wanda ya saba tashin asuba ya san gamzaki, tauraron nan mai tsananin haske da ke fitowa gabas kafin rana. Da magariba kuma, a waɗansu watanni, a kan ga zara a yamma, wadda Hausawa ke yi wa kirari da matar wata. Masana taurari sun daɗe da tabbatar da cewa su biyun abu guda ne, watau duniyar da Larabawa ke kira Zuhura. To, akwai wani Bature da ya ɗauki wannan tauraro ya ƙaga masa asali dabam, ya ce ai jirgin ruwa ne, da mutum a ciki. Labarin nan na ke so in bayyana muku.

Sunan Baturen J. R. R. Tolkien, malamin tsohon Ingilishi a jami'ar Oxford ta Ingila. An haife shi a 1892, ya rasu a 1973. Tun yana ɗalibi ya ci karo da wata kalma, earendel, cikin wata waƙar addini ta tsohon Ingilishi mai suna Crist. Ma'anarta haske mai ketowa, ko tauraron asuba, shi kuwa a ganinsa Yahaya Mai Baftisma a ke nufi, wanda ya zo gaba kamar yadda gamzaki ke rigan rana. Kalmar ta yi masa daɗin ji ƙwarai. A watan Satumba na 1914, yana da shekara 22, ya rubuta waƙa a kan wani matuƙin jirgi mai wannan suna da ke keta sararin sama. Ku lura, sunan ne ya fara zuwa, sa'an nan ya zauna yana tambayar kansa ko wane ne mai sunan. Amsar nan ta cinye masa kusan shekara 60, bai ma gama ba. Ɗansa Christopher ne ya tattara takardun, ya buga su a 1977 da sunan The Silmarillion.

Ga yadda labarin ya ke. A duniyar da ya ƙaga, tun ba a yi rana da wata ba, waɗansu itatuwa biyu ne ke ba da haske a wata ƙasa mai albarka can yamma da teku, sunanta Valinor. Ɗaya haskensa kamar azurfa, ɗaya kamar zinariya. Akwai kuma wata kabila, mu kira su Elfawa, masu kama da mutane amma tsufa ba ya kashe su. Gwanin maƙerinsu, Feanor, ya ƙera duwatsu uku masu daraja, ya zuba hasken itatuwan a ciki. Su ne Silmaril. Sai mugun nan Morgoth ya zo tare da wata ƙatuwar gizo-gizo (ba irin Gizonmu na tatsuniya mai ban dariya ba, wannan haske ta ke sha kamar ruwa), suka kashe itatuwan, ya sace duwatsun ya liƙa su a kambinsa na ƙarfe. Feanor da 'ya'yansa bakwai suka rantse za su yaƙi duk wanda ya riƙe dutse ko ɗaya, maƙiyi ne ko ɗan'uwa. Rantsuwar nan ita ce tushen yawancin baƙin cikin da ke cikin littafin.

Earendil, haka ya koma rubuta sunan, ruwa biyu ne: ubansa mutum, uwarsa Ba'elfiya. Matarsa Elwing ta gaji ɗaya daga cikin duwatsun, wanda kakanninta suka ƙwato daga kambin Morgoth. Yana can bisa teku, sai 'ya'yan Feanor suka auka wa garinsu saboda rantsuwa. Elwing ta faɗa teku da dutsen a ƙirjinta, amma mai mulkin ruwa ya mai da ita farin tsuntsu, ta tashi har ta iske jirgin mijinta, mai suna Vingilot. Earendil ya ɗaura dutsen a goshi, haskensa ya nuna masa hanyar Valinor, wadda aka rufe wa kowa. Da ya isa bai roƙi kome don kansa ba, sai gafara da taimako ga kabilun nan biyu da jininsu ke jikinsa. Aka karɓi roƙonsa, aka yi yaƙi, aka ka da Morgoth. Amma shi aka ce ba zai sāke zama cikin mutane ba. Aka ɗaga jirginsa zuwa sama, yana tafiya da dutsen a goshi, waɗanda ke ƙasa suka sa masa suna Gil-Estel, watau tauraron sa zuciya.

Wurin da ya fi burge ni shi ne asalin rana da wata. Daga ɗan itace na ƙarshe da fure na ƙarshe na itatuwan aka yi su, bayan dafi ya riga ya taɓa su. Ke nan hasken da bai gurɓace ba yana cikin duwatsun kaɗai. Sauran biyun, ɗaya ya faɗa ramin wuta cikin ƙasa, ɗaya aka jefa teku. Ashe ɗan tauraron nan ya fi rana tsarki! Shi ya sa a littafin The Lord of the Rings, wanda ya fito a 1954 da 1955, 'yar kwalba mai ɗauke da haskensa ta isa ta kori wata gizo-gizo, 'yar waccan ta farko.

Yanzu kuma ga abin da ke sama na gaskiya. Zuhura ba ta da hasken kanta, na rana ta ke mayarwa, gizagizai masu kauri da suka lulluɓe ta su ke sa ta ƙyalli haka. Nisanta da rana wajen mil miliyan 67, ta kan kewaye ta cikin kwana 225. Da ya ke hanyarta tana tsakaninmu da rana, ba ta nisa da rana a idonmu, don haka sai da asuba ko magariba mu ke ganinta, ba ta kai wa tsakiyar sama da tsakar dare. Zafinta ya wuce awo 450 a ma'aunin santigireti, ya isa ya narkar da dalma. A 1970 wata na'urar Rasha mai suna Venera 7 ta sauka a kanta, ta aiko da labari na 'yan mintoci.

Tolkien bai yi wasa da abin da ido ke gani ba. Ya ce galibi a kan hangi jirgin da fitowar rana ko faɗuwarta, sa'ad da ya ke komowa Valinor daga tafiya. Saboda haka ni ban yarda da masu cewa malami ya kori irin wannan labari daga aji ba. Yaron da ya ji shi zai fita ya nemi tauraron, in ya same shi kuwa, rabin darasin kimiyya ya riga ya shiga. Amma tilas a gaya masa sarai wane ne ƙage, wane ne aka auna, kada ya rubuta jirgin ruwa ranar jarrabawa.

Masanan ma sun ari sunan. A 2022 aka ba da sanarwar wani ɗigon haske da madubin hangen nesa na Hubble ya gano, wanda haskensa ya yi wajen shekara biliyan 12.9 a hanya kafin ya iso mu. Suka kira shi Earendel, da tsohon rubutun kalmar.