Asibitin Indiya Ba Tsafi Ba Ne, Gimbiya Amrit Kaur Ce Ta Aza Tubalinsa

Akwai wata magana da ta ƙi ci ta ƙi cinyewa a bakin jama'a, na kuma gaji da jin ta. Da zarar an ce wane ya je Indiya an yi masa dashen ƙoda ya dawo da ƙafarsa, sai wani ya kada baki ya ce, "Ai ka san Indiyawa da tsafi." A majalisa ake faɗa, a gidan biki ake faɗa, har ɗan boko yana faɗa ba kunya. Su ne dai masu rantsuwa cewa ƙwallo ta taɓa rikiɗa ta zama zaki a wasanmu da Indiya, wasan da ba a taɓa bugawa ba. Da abin ya tsaya a raha da sauƙi. To amma da wannan jahilcin ne mai magani a bayan mota yake manna wa kwalba sunan Indiya ya karɓe kuɗin bayin Allah.

Wanda ke son sanin tushen lamarin, ya nemi tarihin Rajkumari Amrit Kaur. 'Yar gidan sarautar Kapurthala ce a yankin Punjab, an haife ta a Lucknow, ta yi karatu a Ingila. Kisan da sojojin Turawa suka yi wa ɗaruruwan mutane a Amritsar a 1919 na cikin abin da ya ja ta fafutukar neman 'yanci. Ta ajiye jin daɗin gidan sarauta ta yi shekara 16 tana sakatariyar Mahatma Gandhi, Turawa kuma suka tsare ta a 1942. Tana cikin mata 15 da suka zauna a majalisar da ta rubuta tsarin mulkin ƙasar. Da aka sami 'yanci a 1947, Firayim Minista Nehru ya ba ta ma'aikatar lafiya, ta riƙe ta shekara 10. A 1952 ta ci zaɓen majalisar wakilai daga Himachal Pradesh, a 1957 ta koma majalisar dattawa, inda ta zauna har rasuwarta a 1964. Ita ba likita ba ce, 'yar siyasa ce.

To, masu zancen tsafi, ku ba ni amsa. A 1947 matsakaicin tsawon ran Ba'indiye bai wuce shekara 32 ba. An ƙiyasta cewa zazzaɓin cizon sauro yana kama mutum miliyan 75 duk shekara, ya kashe kimanin 800,000. Tarin fuka da kwalara da agana suna ta ɗibar jama'a. A lokacin bokayen Indiya ba su mutu ba, masu wasa da maciji suna nan, masu siddabaru suna cika kasuwa. Ina tsafin yake da bai tsare su ba?

Abin da ya sauya lissafi shi ne aiki. A 1953 ma'aikatarta ta ƙaddamar da shirin yaƙi da zazzaɓin cizon sauro na ƙasa baki ɗaya, ma'aikata suka bi gida gida da feshin DDT. Kafin 1965 masu kamuwa sun sauko zuwa kusan 100,000. Ga kuma hujjar da ta fi kowace: da aka yi sakaci da feshi, sauro kuma ya saba da maganin, cutar ta dawo, a 1976 ta kama mutum fiye da miliyan 6. Abin da ke tafiya in an yi aiki, ya dawo in an yi barci, ba aljani ke riƙe da shi ba.

Haka allurar BCG ta tarin fuka. A zamaninta aka baza ta a faɗin ƙasar, kuma ba a rasa masu kushe ba, har da babban ɗan siyasa irin Rajagopalachari. Ba ta janye ba. A 1954 aka yi dokar hukunta masu gurɓata abinci. A 1956 ta tsaya gaban majalisa da ƙudurin kafa AIIMS a Delhi, cibiyar da ta haɗa asibiti da koyarwa da bincike, ta kuma dage sai an bar cibiyar ta tafiyar da kanta ba tare da 'yan siyasa sun cusa nasu ba. Baitulmali ba shi da ƙarfi, sai ta nemo tallafi daga waje, musamman New Zealand. Ta zama shugabar cibiyar ta farko, ta kuma sadaukar da gidansu na Shimla domin ma'aikatan jinya su riƙa zuwa hutu. Kafin nan, a 1950, ta shugabanci babban taron Hukumar Lafiya ta Duniya, mace ta farko da ta yi haka. Yau ɗalibai suna hana idonsu barci shekara da shekaru domin samun gurbi a AIIMS. Da laya ake zama likita, wa zai wahalar da kansa?

In har yanzu wani yana musu, ya tuna 2021, lokacin da korona ta sa mutane suna mutuwa a ƙofar asibitocin Delhi saboda ƙarancin iskar numfashi. Har gobe akwai ƙauyukan Indiya da ba likita. Bayan aikin Amrit Kaur, akwai dai wasu dalilan ci gaban nasu, irin dokar 1970 da ta ba kamfanoninsu damar yin magani mai araha, da manyan asibitocin kuɗi da suka biyo baya.

Yanzu ga abin da ya kamata mu yi. Wanda lalura ta kama shi, ya fara da likitan gida, ya yi gwaje-gwajensa, ya tambaya ƙarara ko ana iya aikin a nan, domin wani ciwon da ake sayar da gona a kansa ana maganinsa a asibitocin koyarwa na Kano da Zariya. In tafiyar ta zama dole, a aika sakamakon gwaji kai tsaye ga asibitin, a karɓi amsa a rubuce, da sunan likita da ƙiyasin kuɗi. A nemi bizar jinya, kada a tafi da ta yawon buɗe ido. Kada a danƙa wa dillali fasfo, kada a tura kuɗin aiki asusun wani mutum, a biya asibiti a karɓi rasit. A tafi da ɗan rakiya mai jin Turanci ko a nemi tafinta na asibitin. Mai neman dashen ƙoda ya sani cewa sayen ƙoda laifi ne a dokar Indiya, wanda ya ce zai samo maka ta bayan fage, kurkuku yake nuna maka. A lissafa kuɗin masauki da na magungunan da za a sha bayan an dawo, a kuma taho da dukkan takardu domin likitan da zai ci gaba da dubawa. Kwalbar da ba ta da lambar NAFDAC kuwa, ko hoton wa aka zana a jikinta, a bar wa mai ita.

Sannan mu dubi kanmu. Kai da kake cewa ba ka yarda namiji ya duba matarka ba, kai ne kuma ka cire 'yarka daga makaranta, to daga ina likita mace za ta fito? Ku kai yara rigakafi. Ku bar 'ya'ya mata su karanta aikin jinya da unguwarzoma da likitanci. Ranar da ɗan majalisa ya zo neman ƙuri'a, ku ajiye zancen taliya da atamfa, ku tambaye shi ƙuduri nawa ya kai kan lafiya, da kuma inda kuɗin asibitin garinku ya shiga. Allah ne mai warkarwa, amma ya umarce mu da riƙon sababi. Indiyawa sun riƙa, mu ma mu riƙa.